Daga Kano zuwa Briqueterie: Yadda finafinan daba da na kisan gilla ke raba kan 'yan kallo

A watan Satumban 2021 ne Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano ta haramta shirya duk wani fim da ke nuna garkuwa da mutane, ko shaye-shaye, ko ƙwacen waya. Shugabanta na lokacin, Isma'ila Na'abba Afakallah, ya kafa hujja da cewa matasa na ɗaukar darasin aikata laifi daga abin da suke kallo. A 2024 kuma wanda ya gaje shi, Abba El-Mustapha, ya ƙara da finafinan daba da na daudu.

Sai dai ikon hukumar a iyakar jihar Kano ya tsaya, su kuwa finafinan ba sa neman biza. A unguwar Briqueterie da ke tsakiyar Yawunde, babban birnin Kamaru, wadda ke da nisan fiye da kilomita 1,000 daga Kano ta hanyar mota, fim ɗin da aka ɗora a YouTube da daddare, kafin gari ya waye ya shiga wayoyin teloli da masu tsire da 'yan babur. Ba mai tacewa, ba mai tambayar shekarun wanda ke kallo.

Shi ya sa muhawarar da ake yi a Kano ta zama ta mutanen Briqueterie su ma. Shin mai ba da umarni yana da 'yancin nuna sara da suka yadda suke a zahiri? In kuma labarin na gaskiya ne, mutanen da abin ya shafa suna raye, wa ke da iko da shi?

Unguwa mai kallon gida biyu

Briqueterie, wadda mazauna Yawunde ke taƙaitawa da "Brik", ta samo sunanta ne daga wurin gasa tubali na zamanin Turawan mulkin mallaka. Nan ne babbar unguwar Hausawa a birnin, suna zaune tare da Fulani da Barebari da Bamun da 'yan Mali da Nijar da Senegal. An san ta da shagunan atamfa da shadda, da ɗinkin surfani, da kilishi, da tsiren da duk Kamaru ke kira "soya".

Ta fuskar kallo kuwa, gida biyu unguwar ke leƙawa. Na farko Kano. Tun zamanin kaset, bayan fitar Turmin Danya a 1990, finafinan Hausa suke bin 'yan kasuwa ta Yola da Garwa da Ngaundere har su iso Yawunde. Daga kaset aka koma faifai, daga faifai aka koma turi a waya, yanzu kuma YouTube da tashar Arewa24 da ta fara aiki a 2014. Ga kuma finafinan Indiya masu fassarar Hausa, irin na Algaita, waɗanda akasarinsu faɗa ne tun daga farko har ƙarshe.

Gida na biyu shi ne Kamaru kanta. A watan Janairun 2009 aka rufe sinimar Abbia, wadda ita ce ta ƙarshe a Yawunde a wancan lokaci, sai a 2016 aka buɗe Canal Olympia a harabar jami'a. Amma ƙasar ba ta rasa masu fim ba. Bikin Écrans Noirs da Bassek Ba Kobhio ya kafa a 1997 a nan Yawunde ake yin sa, kuma wasu daga cikin finafinan Afirka da suka fi ƙarfin hali wajen taɓo kisan da ya faru a zahiri, 'yan Kamaru ne suka yi su. Abin mamakin shi ne, matashin Brik zai lissafa maka jaruman Kano goma ba tare da ya numfasa ba, amma da wuya ya san waɗannan na gida.

Me ya sa daba ta yi kasuwa?

Shekaru da dama soyayya da rawa da waƙa ne jarin Kannywood. Da kasuwar faifai ta mutu, aka koma finafinai masu dogon zango da ake saki mako-mako a YouTube, sai lissafi ya canza. Kuɗin yanzu daga yawan masu kallo yake zuwa, kuma duk mako sai ka ba mutum dalilin dawowa. Hoton da za a liƙa a fuskar bidiyo shi ke jawo dannawa. To tsakanin hoton mata da miji suna hira a falo da na saurayi riƙe da adda, ido jajur, ai ka san wanda yatsa zai fi saurin taɓawa.

A cikin wannan yanayi ne shirin A Duniya na Tijjani Asase ya yi tashe, har sunan Abale ya bi jarumi Daddy Hikima ya zauna masa. Masu irin waɗannan finafinai suna da hujjarsu, kuma ba ta banza ba ce. Daba ta girmi fim ɗin Hausa. Tun kafin a san kyamarar bidiyo a Kano akwai 'yan daba da 'yan tauri da 'yan bangar siyasa. A ganinsu, wanda ya hana nuna ciwo bai warkar da shi ba, rufe shi kawai ya yi da tsumma.

Iyaye da malamai kuma nasu kukan daban. Suna cewa yaro ba ya jiran ƙarshen labari. Abin da ke zama a kansa shi ne tafiyar jarumin, da kirarinsa, da sunan da yaransa ke kiransa, da yadda unguwa ke watsewa in ya tunkaro. Ko a Brik za ka ji yaran da ba su taɓa taka Kano ba suna jefa wa juna kalmomin 'yan dabar Kano cikin wasa.

Kowane ɓangare da gaskiyarsa. Amma dukansu sukan tsallake wani abu: nuna laifi iri-iri ne, kuma bambancin a hannun mai ba da umarni yake.

Inda kyamara ta tsaya

A ɗauki fage guda: an tare wani a lungu, an soke shi, an ƙwace masa waya. Darakta biyu za su iya ɗaukar wannan fage, mai kallo ya tashi da abu biyu mabambanta.

Na farko zai ajiye kyamara ƙasa tana kallon maharin daga ƙasa zuwa sama, sai ya fito ƙato, mai kwarjini. Zai rage gudun hoton lokacin da ake zaro wuƙa, ya saka kiɗa mai tada tsikar jiki. Wanda aka soka ba a san sunansa ba, ba a san gidansu ba, ya faɗi kawai an wuce. Jinin ma haɗi ne na kala da sikari, ƙarar sukan kuwa sau da yawa kankana ko kabeji ake caka wa wuƙa a ɗakin haɗa sauti. Duk wannan ƙawa maharin aka yi wa.

Na biyu zai fara da wanda za a soka. Mun ga ya fito daga shago, mun san kuɗin maganin mahaifiyarsa ne a aljihunsa. Lokacin sukan, kyamara na iya kau da kai, mu ji ƙara kawai. Sannan ta bi gawar zuwa gida, ta zauna a zaman makoki, ta nuna ƙanensa da aka cire daga makaranta bayan wata uku. A nan ba a ga jini da yawa ba, amma an ga abin da kisa ke jawowa.

Matsalar da yawa daga finafinan daba ita ce rabon lokaci. Kashi 40 ana nuna isa da mulkin jarumi, sai a kashi na ƙarshe a kama shi ko ya tuba cikin minti biyar, a ce an faɗakar. Wallahi ko kai ne yaron, wanne za ka riƙe?

Manyan daraktocin duniya sun daɗe suna kokawa da wannan. Da Denis Villeneuve zai yi fim kan kisan mata 14 da aka yi a wata kwalejin injiniya a Montreal ta Kanada a 1989, sai ya ɗauke shi a baƙi da fari don kada jan jini ya zama abin kallo, kuma bai ambaci sunan makashin ba. Shi ma Abderrahmane Sissako na Muritaniya, jefe wasu mace da namiji da 'yan bindiga suka yi a Aguelhok ta arewacin Mali a 2012 ne ya tunzura shi ya yi Timbuktu a 2014, amma fagen jifan 'yan daƙiƙoƙi ne kawai. Sauran fim ɗin rayuwar mutanen gari ce a ƙarƙashin mamaya.

Darasi daga cikin gida

Ba sai an je nesa ba. A farkon shekarar 2000 gwamnatin Kamaru ta kafa wata runduna ta musamman a Duwala domin yaƙi da 'yan fashi, wadda aka sani da Commandement Opérationnel. Cikin kusan shekara guda mutane da dama suka ɓace a hannunta. Labarin da ya fi girgiza ƙasar shi ne na samari tara na unguwar Bépanda, da aka kama a watan Janairun 2001 bisa zargin satar tukunyar gas, ba a sake ganin su ba.

Osvalde Lewat, haifaffiyar Garwa kuma tsohuwar 'yar jarida, ita ta mayar da wannan labari fim mai suna Une affaire de nègres. Ba ta ɗauko 'yan wasa ta shafa musu jini ba. Ta zauna da iyalan da ko gawa ba a ba su ba, ta bar su suka yi magana. Ta samu wani tsohon jami'in rundunar ya bayyana da bakinsa yadda suke kashe mutane. A ƙarshe ta fita titi tana tambayar masu wucewa ko za su so a dawo da rundunar, da yawansu suka ce e. Wannan amsa ta fi duk wani hoton gawa tayar da hankali, domin mai kallo ta nuna wa kansa.

Sai Cyrielle Raingou, wadda fim ɗinta Le spectre de Boko Haram ya lashe babbar kyautar bikin finafinai na Rotterdam a ƙasar Holan a 2023. A Kolofata ta ɗauke shi, garin da ke bakin iyaka da Najeriya, wanda ya sha hare-hare. Yara ta bi: makarantarsu da sojoji ke gadi, wasanninsu, da yadda suke ba da labarin mutuwar iyayensu kamar suna ba da labarin zuwa kasuwa. Ba ta nuna hari ko ɗaya ba, amma duk wanda ya kalla ya san abin da yaƙin ya yi wa garin.

Akwai kuma inda hoton tashin hankalin shi ne shaida. A watan Yulin 2018 wani bidiyo ya bazu a waya, ana ganin masu kakin soja sun tasa mata biyu da yara biyu, suka harbe su. Da farko gwamnati ta ce ƙarya ce. Sashen binciken BBC Africa Eye ya bi tsaunukan da ke bayan hoton, da inuwar mutanen, da irin bindigogin, ya tabbatar da cewa kusa da Zelevet ne a Arewa Mai Nisa, a 2015. Da suka wallafa binciken sun yanke ƙarshen bidiyon, ba su nuna harbin ba. A watan Satumban 2020 kotun soja a Yawunde ta ɗaure sojoji huɗu shekara 10 kowannensu, na biyar kuma shekara biyu. Ka ga ashe ana iya tona gaskiya har a kai ga hukunci ba tare da an mayar da mutuwar mutum abin nishaɗi ba.

Labarin wa ake sayarwa?

Inda gizo ke saƙar shi ne lokacin da mai fim ya ɗauko kisan da ya faru, da sunaye da komai, ya mayar da shi haja. A ranar 5 ga Oktoban 2012 wasu mutane a Aluu ta jihar Ribas suka kashe ɗaliban jami'ar Fatakwal huɗu bisa zargin sata, suka cinna musu wuta, aka ɗauka a waya. Bayan shekara 10 Linda Ikeji ta shirya fim a kai, Dark October, wanda Toka McBaror ya ba da umarni. Kafin ya fita a Netflix a watan Fabrairun 2023, iyayen yaran suka fito suka ce ba wanda ya tuntuɓe su, suka nemi a dakatar. Fim ɗin dai ya fita.

Haka aka yi a Amurka a 2022 da shirin Netflix kan Jeffrey Dahmer, wanda ya kashe mutum 17. Rita Isbell, 'yar uwar ɗaya daga cikin waɗanda ya kashe, ta ga an kwaikwayi kukan da ta yi a kotu, har da irin tufafin da ta sa, ta ce ba a nemi jin ta bakinta ba.

Mu ma muna da irin waɗannan labarai da wata rana wani zai yi sha'awar mayarwa fim. A Kano akwai kisan Hanifa, yarinya 'yar shekara biyar, wanda kotu ta yanke wa mai makarantarsu hukuncin kisa a kansa a watan Yulin 2022. A Yawunde akwai ɗan jarida Martinez Zogo na rediyon Amplitude FM, da aka sace ranar 17 ga Janairun 2023, aka tsinci gawarsa bayan kwana biyar, hotunanta suka yi ta yawo a WhatsApp kafin iyalinsa su gama share hawaye.

A al'adarmu gawa suturta ta ake yi. Mai wankan gawa ma ba ya fita ya ba da labarin abin da ya gani. To in haka ne, mai kyamara da zai sake gina mutuwar ɗan wani domin dubban mutane su kalla, mafi ƙarancin abin da ya kamata shi ne ya je ya yi sallama a gidan, ya zauna da iyayen, ya ji ko sun yarda. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Almakashin hukuma ma ba shi da ido

Kada kuma a ɗauka cewa miƙa wa hukuma wuƙa da nama shi ne mafita. Tarihi ya nuna cewa dokar da aka kafa don kare yara, sau da yawa masu tona asiri take fara ci.

Fim ɗin The Milkmaid na Desmond Ovbiagele, wanda aka yi akasarinsa da Hausa a jihar Taraba, har Maryam Booth ta fito a ciki, labarin 'yan mata biyu ne da 'yan tada ƙayar baya suka sace. Sai da hukumar tace finafinai ta Najeriya ta sa aka yanke kusan minti 24 kafin ta ba shi izini, aka kai shi Kamaru da Zimbabuwe aka nuna a 2020. Daga baya kuma shi ne Najeriya ta tura gasar Oscar.

A 2022, bayan BBC ta fitar da rahoton bidiyo kan 'yan bindigar Zamfara, ita kuma tashar Trust TV ta riga ta fitar da nata tun kafin nan, hukumar kula da kafafen yaɗa labarai ta Najeriya ta ci tarar Trust TV naira miliyan 5, bisa zargin kambama ta'addanci. A Kamaru kuwa dokar yaƙi da ta'addanci ta Disambar 2014 ta tanadi ɗauri mai tsawo ga duk wanda aka samu da yabon ta'addanci. Da wannan doka aka gurfanar da Ahmed Abba, wakilin sashen Hausa na RFI, wanda aka kama a Marwa a 2015, kotun soja ta yanke masa shekara 10 a 2017, kafin a rage hukuncin ya fito a ƙarshen shekarar. Duk matashin da ke tunanin ɗaukar kyamara ya taɓo batun Boko Haram a Kamaru ya san wannan labari.

Wato haramci na bai-ɗaya ba ya bambance fim ɗin da ke yi wa ɗan daba kirari da wanda ke tambayar wa ya saya masa ƙwaya, wa ya ba shi kuɗi ranar zaɓe. Na biyun ma shi ya fi shiga haɗari, domin manya yake taɓawa.

Abin da ke gaban 'yan Brik

Yau a Briqueterie, kamar sauran unguwanni, duk mai waya mai kyau darakta ne. Samari na haɗa gajerun wasanni suna ɗorawa a TikTok da Facebook da YouTube, cikin Hausa da Faransanci da Fulatanci, kuma abin da suka ga yana kawo masu kallo shi suke kwaikwaya.

Amma akwai abin da ya bambanta su da takwarorinsu na Kano. A Kano, in an nuna Bahaushe ɗan daba, mai kallo ya san akwai Bahaushe alƙali da likita da malami, domin a cikinsu yake zaune. A Yawunde Hausawa tsiraru ne. Tun da rikicin Boko Haram ya tsallako Kamaru, musamman bayan hare-haren ƙunar baƙin wake na Marwa a watan Yulin 2015, mazauna unguwannin Musulmi sun san yadda ake kallon mutum saboda rigarsa ko sunansa. Bidiyon saurayi da wuƙa a lungun Brik, ga maƙwabcin da bai taɓa shiga unguwar ba, ba wasa ba ne, tabbaci ne na abin da dama yake zargi.

Wannan ba ya nufin a yi shiru. Unguwar na da matsalolinta na ƙwaya da zaman banza da cunkoso, kuma ba wanda ya fi 'ya'yanta cancantar ba da labarinsu. Tambayoyin da mai fim zai yi wa kansa kafin ya kunna kyamara ba su da yawa. Ta idon wa mai kallo zai ga abin? Wanda aka zalunta yana da suna da dangi a labarin, ko kayan ado ne? In lamarin ya faru da gaske, an nemi yardar iyalan? Shari'ar ta ƙare, ko fim ɗin zai yanke wa wani hukunci tun kafin alƙali? Sannan in aka cire fagen jinin, labarin zai rushe, ko dama don talla aka saka shi?

Iyaye ma da nasu aikin, tunda babu hukumar da za ta tace wayar da ke hannun ɗan shekara 12 sai wanda ya saya masa ita. Ƙungiyoyin matasa da makarantun unguwar kuma za su iya nemo finafinai irin na Lewat da Raingou su haska, a zauna a tattauna bayan an gama. Yaron da ya ga yadda 'yar Garwa ta girgiza ƙasa da hira kawai, zai san cewa adda da jan ruwa ba su ne kaɗai hanyar kama zuciyar mai kallo ba.